Karkuzu: Suna ya cika gari, aljihu babu komai

Rasuwar Abdullahi Shu'aibu Karkuzu a Jos, a watan Maris na shekarar 2025, ta sake tado da muhawara kan makomar tsofaffin 'yan wasan kwaikwayon Hausa.

Tun a shekarun 1980 ne marigayin ya yi tashe a talabijin da shirin Karkuzu Na Bodara, kafin a soma harkar finafinan bidiyo a Kano a 1990, inda daga baya ya riƙa fitowa a matsayin dattijo.

To sai dai a ƙarshen rayuwarsa ya makance, kuma ba shi da muhallin kansa, har sai da ɗan ƙwallon Najeriya Ahmed Musa ya saya masa gida a 2023.

Matsalar dai ta tsari ce. Sau ɗaya ake sallamar ɗan wasa, ko da za a shekara ashirin ana nuna aikinsa. Ribar tana komawa ga gidan talabijin ko 'yan kasuwa.

Mai fitowa a matsayin uba ko maigari kuwa, shi ne ya fi kwana ciki, domin ba hotonsa ne ke sayar da fim ba.