Bakin Murhu: Gurasar matan Armeniya, da maganar rancen da muka bari a tabarma

Ina gaida ƴan asusu na Maraɗi da Damagaram, da na Tawa da Yamai, har da waɗanda ake karanta wa wannan takarda a gindin dogon yaro kafin a buɗe akwati.

Ranar zubin da ya wuce, a ƙungiyarmu an tashi ba a gama magana ba. Wata baiwar Allah ce daga cikin waɗanda ƴan bindiga suka koro daga ƙetaren iyaka. Wata huɗu tana zubi tare da mu, dala hamsin hamsin, ba ta taɓa fashi ba. Sai ta nemi rancen jika goma, ta ce gurasa za ta riƙa yi. Ma'ajiyarmu ta ce, "Shugaba, wallahi ba ƙin ta nake ba. Amma ba ta da gona, ba ta da akuya, ba mu san danginta ba. In ta tashi da dare, wa za mu kama?" Ba wadda ta ce mata ƙarya ne, don kuɗin nan guminmu ne. Aka ce a bari sai mako mai zuwa.

Da wannan magana a raina na koma gida, sai ɗiyata ta miƙo mini salula ta ce, "Inna, dubi yadda waɗannan suke gasa gurasa a cikin rijiya." Na duba. Mata huɗu ne zaune a ƙasa, sun kewaye wani rami mai wuta. Matan Armeniya ne. Tun daga ranar nake bin labarin girkinsu, shi ne na ce bari in kawo muku.

Armeniya ƙaramar ƙasa ce ta duwatsu, tsakanin Turkiyya da Iran da Jojiya da Azarbaijan. Mutanenta wajen miliyan 3 ne, Kiristoci ne tun zamanin da, babban birninsu Yereban. Kamar mu, ba su da bakin teku. Amma su sanyi ne rani nasu: ƙanƙara na rufe gonaki watanni, ba shuka ba girbi. Don haka girkin matansu kusan duk dabarar ajiya ce.

Ramin nan da ɗiyata ta kira rijiya, sunansa tonir. Tanderu ne na yumɓu da ake binnewa a ƙasa, kuma in kun lura sunayen biyu ƴan uwa ne, tushensu ɗaya. Gurasar da ake gasawa ciki sunanta labash. Da na fara jin sunan sai na ce lawashi? Ashe ba ruwanta da ganyen albasa. Garin alkama ne da ruwa da gishiri, sai ɗan tsohon kwaɓi da aka rage daga gashin baya, kamar yadda muke barin tsohon ƙulli don masa ta tashi. Ana murza kwaɓin ya yi faɗi, a riƙa wurga shi daga hannu zuwa hannu har ya zama kamar mayafi, a shimfiɗa shi kan wani dogon matashi, sannan a sunkuya a maka shi a jikin tanderun. Bai cika minti ɗaya ba ya gasu, a jawo shi da ƙugiya.

Abin da ya fi burge ni shi ne aikin nan mace ɗaya ba ta yin sa. Wannan na curawa, wannan na murzawa, wannan na jerawa, wadda ta fi kowa gwaninta ita ke bakin wuta. Maƙwabta ke taruwa, yau a gidan wannan, wani lokaci a gidan waccan, wuta ɗaya, a gasa tuli guda. A bar ta ta bushe ƙayau, a jera wuri mai iska. Tana kai wata shida ba ta lalace ba. Ranar da za a ci, a yayyafa mata ruwa, a lulluɓe da zane na ɗan lokaci, sai ta dawo da laushinta. Ku lissafa itacen da aka tsirar. Mu fa kowace da murhunta, gida goma wuta goma, ga itace ya zama zinariya. A 2014 hukumar UNESCO ta sa labash cikin al'adun duniya da ya kamata a adana. Ranar aure ma uwar ango ce ke ɗora ta a kafaɗar amarya da ango, fatan kada gidan ya rasa abinci.

Nono ma haka suke masa. Su tace shi, su sa gishiri, su cura, su shanya ya yi tauri kamar dutse, lokacin sanyi a jiƙa a dama a yi miya. Ƴan Tawa ba sai na yi muku bayani ba, kun san cuku.

To, ga inda maganar ta taɓa ni. Mutanen nan sun san gudun hijira. A 1915, ƙarƙashin daular Usmaniyya, an kashe Armeniyawa masu ɗimbin yawa, aka kora saura cikin hamadar Siriya. Faransa da ƙasashe da dama suna kiran abin kisan ƙare dangi, Turkiyya ba ta yarda da wannan suna ba. Waɗanda suka tsira suka watsu Halab da Beirut da Marsai da Amurka. A shekarar ce mutanen wasu ƙauyuka shida suka hau wani dutse da ake kira Musa Dag, suka kare kansu makonni, har jiragen ruwan Faransa suka kwashe su, wajen mutum 4,000, zuwa Masar. Har yau duk watan Satumba jikokinsu na taruwa, a Armeniya da Labanan, su kwana suna dafa wani abinci a manyan tukwane. Sunansa harisa, amma ba yajin nan na gwangwani da ake kawowa daga Tunisiya ba ne. Surfaffiyar alkama ce da naman rago ko kaza, a bar su kan wuta har naman ya narke, a tuƙa da muciya ya haɗe kamar talge mai kauri, a kwarara man shanu, a raba wa duk wanda ya zo. Gonakin sun tafi, gidajen sun tafi, amma yadda kaka ke dafa harisa yana nan a hannun jikanya.

Ba tsohon labari ba ne kawai. Akwai yankin Nagorno-Karabak, wanda su ke kira Artsak. Daga watan Disamba na 2022 aka toshe hanyar da ke kai musu kaya, wata tara, har gari ya yi wuya ana layin burodi. A Satumban 2023 sojan Azarbaijan suka karɓe yankin, cikin ƴan kwanaki mutum fiye da 100,000 suka fice zuwa Armeniya da abin da mota ta iya ɗauka. Da yawa daga cikin matan, abin da suka fara dogara da shi a sabon wuri shi ne wata gurasar yankinsu mai suna jingalob hats, wato gurasa mai ganye. Kaskon ƙarfe, ɗan gari, ganye, shi ke nan jarin.

Wannan kam na gwada, don ba ta son tanderu, ba ta son yis, ba ta son nama. Su can suna haɗa ganye iri goma, wasu har ashirin, na lambu da na daji, kuma kowane gida da haɗinsa. Uwa ke koya wa ɗiya, da ido ake awo. Ƙa'idar dai ita ce mafi yawa ya zama ganye mai sanyin ɗanɗano, a sa mai tsami kaɗan, mai ƙamshi kaɗan, mai ɗaci kaɗan ƙwarai. Nasu ganyen ba duka muke da su ba, sai na bi ƙa'idar da namu. Alayyahu ya fi yawa, sai ganyen zogale ɗanye wanda bai tsufa ba, sai yakuwa don tsami, lawashi mai yawa (kun ga ashe dai ya shigo), lansir, da ɗan na'ana'a. Kada ku sa lalo ko wani mai yauƙi. Tafasa kuma in za a sa, ƴar kaɗan.

Kwaɓi: fulawa kofi 3, ruwa mai ɗumi kofi 1 da ɗan ƙari, gishiri ƙaramin cokali 1, mai babban cokali 2. A kwaɓa ya yi laushi ba ya kama hannu, a rufe shi rabin awa ya huta. Ganye kuma a wanke tun da wuri, a baza a faifai ya tsane sarai, sannan a yanka ƙanana. Ya cika babban kwano, don yana shan wuta zai koma rabi. A raba kwaɓin gida 8. A murza kowane da kwalba ko muciya ya yi siriri, mai ɗan tsawo. Sai a ɗebi ganyen da zai isa guda ɗaya, a sa masa gishiri da mai da ɗan yaji, a tula a tsakiya, a jawo gefe da gefe a matse su haɗe kamar kwalekwale, a danna da tafin hannu a hankali ya kwanta. A ɗora kan kasko mai zafi, ba mai, wajen ɗinkin a ƙasa. Minti 2 zuwa 3, a juya, in ya yi ɗige-ɗigen ƙuna ya yi.

Kun ji na ce a sa gishiri ɗaya bayan ɗaya? Gwajin farko na zuba wa kwanon duka gishiri tun kafin in fara murzawa. Kafin in kai na uku ganyen ya saki ruwa, kwaɓi ya jiƙe, duk suka fashe a kasko. Maigida ya leƙo ya ce, "Yau kuma kwaɗo ake soyawa?" Na biyu ne ya yi kyau, yara suka cinye da shayi tun da zafinsa. In ya kwana ba ya daɗi kamar sabo, don haka mai son saidawa ta yi daidai abin da za ta iya saidawa a yini. Kuma ban ce kowa ta bar ƙosai ta kama wannan ba. Fulawa na da tsada, bakinmu bai saba ba, sai an gwada a ƙofar lakkwal ko tasha an ga ko za a saya. Amma da damina, lokacin da ganye ke zubewa a banza, ya isa a gwada.

Mu koma tabarma. Ma'ajiya tana da gaskiya, akwati ba na sadaka ba ne, kuma na sadaka muna da shi daban. Amma da muke lissafin abin da matar nan ba ta da shi, ba wadda ta tambaye ta abin da ta zo da shi. Na je inda take zaune. Ta riga ta gina ɗan tanderu da hannunta a bayan bukka, da yumɓun da ta ɗebo bakin tafki. Ta ce uwarta ta koya mata, shekara goma sha tana gasa gurasa a garinsu kafin a kore su. Fulawa da yis da itace ne kawai suka tsaya mata.

Ga abin da zan faɗa ranar zubi, in an ba ni dama. Ta gasa mana guda goma mu ɗanɗana a zaman, mu biya ta kuɗinsu. In ta yi, a ba ta jika biyar tukuna, wata ɗaya, ni da wata mu tsaya mata. In ta maido, a ba ta goman. Ma'ajiya ta ce za ta yi tunani, kuma ta ce ko an yarda sai an rubuta sunan masu tsayawa a littafi, na ce a rubuta nawa.

Ƙungiyoyin da ke wajen Gidan Runji da Madarunfa, ku kun fi mu daɗewa da baƙin nan. Yaya kuke yi da rancensu? Ku aiko ta hannun wakiliyarku, zan kawo amsoshin a fitowa ta gaba in Allah ya kai mu. Wadda kuma ta gwada gurasar, ta gaya mini ganyen da ta haɗa.