Bindiga a Allon Salula: Wa Ke Koyar da Ƴaƴanmu?

A shekarar 1966 Mustafa Alasan ya fito da gajeren fim ɗinsa «Le Retour d'un aventurier». Labarin wani saurayi ne da ya komo gida da tufafin kaboyi, ya raba wa abokansa, suka hau dawaki da bindigogi, suka addabi garinsu. Jama'a sun yi dariya a lokacin, alhali kuwa gargaɗi ne: abin da ido ya saba gani, hannu yakan nemi aikatawa.

Yau wannan gargaɗi ya iso ƙofarmu. Tun 2019 dubban mutane daga Sakkwato, Zamfara da Katsina suka gudo gundumar Gidan Rumji saboda ƴan bindiga, kuma satar shanu da satar mutane don kuɗin fansa ba su tsaya a iyaka ba. Su waɗannan ƴan bindiga sun koyi ɗaukar hoto. Suna nuna makamai da damman kuɗi a TikTok da WhatsApp, bidiyon kuma yana yawo daga salula zuwa salula har kasuwannin Agye da Gazawa. Yaron da ba shi da aikin yi yana ganin ɓarawo cikin kamar sarki. Ba ya ganin matar da aka kashe wa miji, ba ya ganin gonar da aka sayar don biyan fansa.

Wasu na cewa a hana. Kano ta kafa hukumar tace fina-finai tun 2001, amma wace hukuma za ta tsare kowace salula? Maganin hoto, hoto ne. Umaru Ganda, wanda ya yi yaƙin Indoshin da kansa, ya nuna a «Cabascabo» yadda tsohon soja ke komowa gida, kuɗinsa su ƙare, abokai su watse.

Don haka muna kira ga hukumar karɓar haramtattun makamai, wadda aka kafa a 1994, da perefe-perefe da sarakunanmu, su tallafa wa matasan jihar Maraɗi su shirya gajerun fina-finai da Hausa, waɗanda aka zalunta su yi magana da bakinsu. Ku ƴan kasuwa, ku ne ake tare wa hanya. Ku sa hannu a aljihu. Ku ma'aikata, ku buɗe makarantu da gidajen matasa a nuna su. Jihar da ta binne fiye da mutum ɗari a Toda a 1991 ta san farashin jini.