Wa Ya Kashe Mutanen Salem?

A shekarar 1692, a ƙauyen Salem na Massachusetts, yankin da yake cikin Amurka a yau, wasu 'yan mata suka shiga ihu da shure-shure, wai mayu sun kama su. Kafin ƙura ta lafa an rataye mutum 19.

A 1976 Linnda Caporael ta danganta lamarin da wata funfuna mai dafi da ke kama hatsin burodi, tana jawo fizge-fizge da gane-gane. A ganina bayanin bai gamsar ba. Kamar yadda masana Spanos da Gottlieb suka nuna a shekarar, dafin kan zo da amai da gudawa, ya kama masu cin tukunya ɗaya. Su kuwa yaran, sau da yawa sai an shigo da wanda ake tuhuma ciwonsu ke tashi.

Tsoro yana yaɗuwa tamkar annoba, amma kotun da ta karɓi gane-gane a matsayin shaida ita ta yi kisan. Da Gwamna Phips ya rushe ta a watan Oktoba, ba a sake rataye kowa ba. Don haka, mai karatu, in an ce wane maye ne, nemi hujja tukuna.