Malamin Fadan Kaje Da Harsuna Uku

A watan Nuwamba na 2025 Ministan Ilmi, Dokta Tunji Alausa, ya ba da sanarwar soke tsarin nan na 2022 na koyar da 'yan firamare da harshen uwa, aka koma Turanci. Hujjarsa ita ce yawan faɗuwa jarrabawa. To, 'yan Arewa mazauna Ikko da Badun waɗanda suka bar yara suna karatu a gida, sai su dubi wanda kayan zai faɗa wa, wato malami.

A ɗauki Fadan Kaje, a ƙasar Bajju, cikin Ƙaramar Hukumar Zangon Kataf. Yaro ya tashi da Jju a gida, Hausa a kasuwa, ya shiga aji a tarye shi da Turanci. Tun 1977 manufar ilmi ta ƙasa ta ce a fara da harshen yaro, amma malamai nawa aka horar su koyar da karatu da Jju? Littattafan ma ba su taka kara sun karya ba. Ashe tsarin da aka ce ya gaza, ba a gwada shi sosai ba.

Shi kuma Turancin ba ya koyar da kansa. A 2017 Gwamnatin Kaduna ta jarraba malaman firamare kimanin 33,000, fiye da 21,000 suka faɗi, aka sallame su. Sai dai kora ba horo ba ce. Ga Kwalejin Ilmi ta Gidan Waya kusa da Kafanchan, ga Cibiyar Malamai ta Ƙasa a Kaduna tun 1976. Kamata ya yi su riƙa kiran malaman ƙauye kwas kowane dogon hutu, a koya musu dabarar ɗauko yaro daga Jju zuwa Turanci, gwamnati kuma ta biya kuɗin mota.