Labarin Waziri Nizamul Mulki

Wannan mako na kawo muku labarin wani wazirin ƙasar Farisa, wanda malamanmu da yawa ke cin moriyar aikinsa ba su san sunansa ba.

Sunansa Hasan ɗan Ali, laƙabinsa Nizamul Mulki. An haife shi cikin 1018 kusa da birnin Ɗusa, ƙasar Hurasan, a gidan manya masu ƙasa, ubansa kuwa ma'aikacin haraji ne. Sa'ad da Turkawan Saljuƙ suka ci ƙasar, sun gwanance da doki da kibiya, amma lissafin baitulmali sai an yi musu. Don haka suka jawo irinsa. Ya yi wa Sarki Alp Arslan wazirci, sa'an nan ɗansa Malik Shah, jimla kusan shekara 30.

Malik Shah ya hau gado cikin 1072 yana saurayi, baffansa kuwa ya tayar masa, yana son sarautar. Da aka ci baffan, sai sarki ya danƙa wa waziri al'amuran ƙasa duka. Ya rubuta wa sarki littafi da Farisanci, ana ce da shi Siyasat Nama. A ciki ya shawarci sarki ya zauna kwana biyu kowane mako ya ji kukan talakawa da kunnensa. Ya kuma nuna wanda aka ba ƙasa ya ci, haƙƙinsa harajin da aka yanka kaɗai ne, ba shi da iko kan jikin manomi ko iyalinsa. Ni dai a ganina wannan ya fi sauran littafin nauyi.

Ku malamai, ga naku. Shi ya gina makarantun nan na Nizamiyya, da albashin malamai da abincin almajirai daga wakafi. Ta Bagadaza an buɗe ta cikin 1067, cikin 1091 kuwa ya naɗa Imamu Gazali ya karantar a cikinta, watau mai littafin Ihya'u da ke cikin gafakarku.

Amma fa ba zan ɓoye aibinsa ba. Ya cika manyan muƙamai da 'ya'yansa da jikokinsa, har abin ya ɓata wa sarki rai. Ga kuma Tarkan Hatun, matar sarki, tana son ɗanta Mahmudu ya gaji sarauta, waziri kuwa ya goyi bayan babban ɗa, Barkiyaruƙ. Masu tarihi sun ruwaito da sarki ya yi masa barazanar tuɓewa, sai ya aika masa amsa cewa rawanin sarki da gidan tawadar waziri a ɗaure suke tare.

Cikin watan azumi na 1092, kan hanyar Bagadaza kusa da Nahawand, wani mutum ya zo da shigar sufaye kamar mai kawo ƙara, ya soke shi da wuƙa. Galibi an ɗora abin kan mutanen Hasan Sabbah, waɗansu kuwa suka zargi fada. Bayan wata ɗaya da 'yan kwanaki sarkin ya rasu, 'ya'yansa suka shiga yaƙin gado.