"In ka iya, je ka yi naka": maganar da ke kashe mana sukar finafinai



Shekaranjiya da dare a fadarmu, muna jiran shayi na biyu, wani ƙanenmu ya ce fim ɗin da muka gama kallo bai yi ba. Ya kawo hujjarshi: an nuna mutuwar uban yarinyar a kashi na biyu, amma a kashi na huɗu ga shi zaune yana ba da aurenta, ba mafarki ba, ba tuna baya ba. Bai rufe baki ba wani ya ce mishi: "To malam, in ka iya, je ka yi naka mu gani." Aka kwashe da dariya, yaro ya yi shiru, magana ta mutu.

Ni dai a ganina wannan magana ba hujja ba ce, toshe baki ce. Kuma don in nuna haka, zan kawo labarin mutumin da ya fi kowa suna a duniya wajen "zuwa ya yi nashi", wato François Truffaut na ƙasar Faransa.

An haifi Truffaut a Paris a 1932. Yaro ne da bai samu kulawa a gida ba, yakan gudu daga lakwal ya shige gidan sinima. Yana ɗan shekara 14 ya bar karatu. Da ya kai 16 ya buɗe ƙungiyar kallon finafinai, bashi ya yi mishi katutu, mijin uwarshi ya kai shi hannun ƴan sanda, aka tsare shi a gidan gyaran halin yara. Daga baya ya shiga soja, ya gudu, aka kama shi aka kai shi kaso. Wanda ya tsaya mishi a duk wannan shi ne André Bazin, babban mai sharhin finafinai kuma ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa mujallar Cahiers du cinéma a 1951. Shi ya yi ta faɗi-tashi har aka sake shi, ya ajiye shi a gidanshi, ya buɗe mishi hanyar rubutu.

A watan Janairun 1954, yana ɗan shekara 21, Truffaut ya fitar da rubutun da ya girgiza sinimar ƙasarsu, mai suna "Une certaine tendance du cinéma français". Ya kama sunan manyan marubutan labarin fim biyu, Jean Aurenche da Pierre Bost. Ƙorafinshi shi ne suna ɗaukar littattafan manyan marubuta su juya su yadda suka ga dama, su cusa nasu ra'ayi, darakta kuma ya koma ɗan aike mai ɗaukar hoton abin da aka rubuta mishi. Shi kuwa a wurinshi darakta ne mai fim, ya kamata a gane hannunshi a kowane hoto. Ya ci gaba da suka mai zafi a jaridar Arts har aka yi mishi laƙabi da mai haƙa kabarin sinimar Faransa. A 1958 masu shirya bikin finafinai na Cannes suka hana shi katin shiga na ƴan jarida.

Shekara guda bayan nan, a 1959, ya koma Cannes ɗin da babban fim ɗinshi na farko, "Les Quatre Cents Coups", labarin wani yaro gagararre, Antoine Doinel, wanda rayuwarshi ta yi kama da tashi. Ya tafi da kyautar gwanin darakta. Wanda aka rufe wa ƙofa bara, shi aka yi wa tafi bana.

Na san abin da mutumin fadarmu zai ce: "Ka gani ko? Ai shi ya je ya yi nashi." To, mu tsaya nan.

Na farko, Bazin da ya rene shi bai taɓa fitar da fim ko ɗaya ba. Ya rasu a Nuwamban 1958 yana da shekara 40, daidai lokacin da Truffaut ya fara ɗaukar wancan fim, shi ya sa ya sadaukar mishi da shi. Amma daga mujallarshi aka samu Truffaut, Jean-Luc Godard, Claude Chabrol, Éric Rohmer da Jacques Rivette. Dukansu da alƙalami suka fara, daga baya suka zama jagororin sabon salon da ake kira Nouvelle Vague. Da an ce wa Bazin "je ka yi naka" ya yi shiru, da wa zai rene su? Ba sai ka iya tuƙa tuwo ba kake gane tuwon da bai nuna ba.

Na biyu, abin da ya ba sukar Truffaut nauyi ba kyautar 1959 ba ce. Tun 1954 tana da nauyi, domin ya yi aikin kafin ya buɗe baki. Ya kalli ɗaruruwan finafinai, wasu sau da yawa. Ya karanta littattafan da aka juya zuwa fim, ya gwada su da abin da aka nuna, ya ce ga inda aka sauya, ga dalilin da ya sa bai yarda ba. Bai shiga makarantar koyon fim ba, sukar ce makarantarshi. Ko bayan ya zama darakta bai bar halin almajiri ba: a 1962 ya je Amurka ya zauna kwanaki da Alfred Hitchcock yana tambayarshi fim bayan fim, littafin hirar ya fito a 1966, har yau ana karanta shi.

A nan ne mu ma masu suka muke da laifi. Abin da ya fi yawa a wayoyinmu ba suka ba ce, zagi ne. Ba a maganar labari, ba a maganar sauti ko haske, sai kayan da ƴar wasa ta sa, sai wa ta aura, wa ya sake ta. Wanda ya ci bashi ya yi fim a Maraɗi ko Damagaram, yana gasa da finafinan dandalin soyayya da ke kwararowa daga Kano, mi zai ƙaru da shi cikin wannan? In ya rufe kunne ba zan ga laifinshi sosai ba.

Kuma ban ce Truffaut waliyyi ba ne. Rubutun da ya yi amfani da shi ya kai wa su Aurenche hari, wanda ba a taɓa yin fim ɗinshi ba, Pierre Bost ne da kanshi ya ara mishi. Wannan ba halin kirki ba ne. Bayan zuwan sabon salon, tauraron mutanen biyu ya dushe, sai a 1974 wani tsohon mai sharhi, Bertrand Tavernier, ya dawo da su suka rubuta mishi "L'Horloger de Saint-Paul", aka ga ashe gwanintarsu tana nan. Shi ma Truffaut ya ɗanɗani abin da ya shuka. Fim ɗinshi na biyu, "Tirez sur le pianiste" na 1960, bai yi kasuwa ba. A 1973, bayan fitowar "La Nuit américaine", abokinshi Godard ya aiko mishi da wasiƙa yana kiranshi maƙaryaci, ya mayar da martani mai tsawo, abota ta mutu har Truffaut ya rasu a 1984 yana da shekara 52. Fim ɗin dai ya ci Oscar. Suka na iya kuskure, na iya zalunci. Maganin wannan shi ne a mayar da hujja da hujja.

Kada wani ya ce wannan duk zancen Turawa ne. Fim ɗin "Moi, un Noir" da Jean Rouch ya yi a Abijan, wanda ya fito a 1958, namu Umaru Ganda ne jarumin ciki, kuma Godard, lokacin yana mai sharhi, yana cikin waɗanda suka yi rubutu suka ɗaga shi. Da Ganda ya yi nashi fim, "Cabascabo", labarin sojan da ya dawo daga yaƙin Indochine, a sashen da masu sharhi ke zaɓen finafinai aka nuna shi a Cannes a 1969. A 1972 "Le Wazzou polygame" ya ɗauki babbar kyautar FESPACO a Wagadugu, karon farko da aka ba da ita. Masu sharhi suna cikin waɗanda suka kai sunan Nijar duniya. Yau muna wucewa ta gaban cibiyar al'adu mai sunan Umaru Ganda a Yamai, amma mu nawa muka zauna muka kalli fim ɗinshi guda?

Roƙona biyu ne. Ƴan uwa masu shirya fim, in yaro ya nuna muku mamacin da ya tashi a kashi na huɗu, ku gode mishi, gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba. Ku kuma matasa masu son yin sharhi, ku kalli fim har ƙarshe, in da hali sau biyu, ku faɗi abin da ya yi kyau da wanda bai yi ba, ku kawo dalili, ku bar mutuncin mutane.

Shi kuwa ƙanen namu, jiya na ce mishi ya rubuta abin da ya gani a fim ɗin, shafi guda, ya kawo mu karanta a fada. Ko zai yi nashi fim wata rana, wannan sanin Allah ne. Amma gaskiyar da ya faɗa ba ta jiran sai ya sayi kyamara.

Allah ya sa mu dace.