Kalandar Manomin Ɗanzomo

Manomin Ɗanzomo ba ya shuka gero bisa watannin Hijira, domin shekararta kwana 354 ce, tana gocewa da kwana 11 duk shekara. Kalandar gonarsa a fatar jikinsa take: hunturu idan sanyin Disamba ya fasa leɓe, bazara idan zafin Afrilu ya kai digiri 40. Sai dai fata ba ta ajiye lissafi. Dattawan Gumel da Maigatari na tuna farin 1973 da na 1984, amma wa zai faɗi zafin ranakun? Kamata ya yi kowace sakandare, daga Gagarawa har Sule Tankarkar, ta rataya ma'aunin zafi a inuwa, ɗalibai su riƙa rubuta adadin safe da na azahar, don a gano ko bazara ƙara tsawo take yi.